Birin Inna Dije da Shanun Yaya Garba

Inna Dije, mahaifiyar babanmu, ba ta fara tatsuniya sai komai ya koma wurinsa, kuma ina jin a wurinta na gaji wannan halin da mutanen gidana ke kuka da shi yanzu. Sai an ci tuwo. Sai an wanke kwanoni an kife su a kan randa. Sai an yi sallar isha'i an ɗaure awaki. Sannan ta jawo 'yar kujerarta kusa da murhu, ta tura kara cikin garwashi, ta binne mana gyaɗa a toka mai zafi, ta dube mu ɗaya bayan ɗaya kamar mai duba kaji kafin ta rufe akurki.

Gidanmu na Kwatarkwashi a gindin dutse yake. Idan an gama girbi, sanyi daga can sama yake gangarowa, shi ya sa kowa ke son wurin da ya fi kusa da wuta. Yaya Garba, da yake shi ne babba, shi ke samunsa kullum. Ni kuwa na fi son gaban Inna, inda zan ji kowace kalma. Idan ta tsallake wani abu da ta faɗa a wancan karon, sai in ɗaga hannu in gyara mata. Don haka ta sa mini suna Alƙali.

"Alƙali, labarin naka ne ko nawa?" in ji ta.

"Naki ne, Inna, amma rannan kin ce akuya ta fara shiga, sannan kaza."

"To yau kaza ta yi sammako. Zamna."

Ba ta buɗe tatsuniya yadda sauran tsofaffi ke yi. Ita a wurinta labari baƙo ne. Sai ta ƙwanƙwasa ƙafar kujera da ludayi ta ce, "Ana sallama a ƙofa." Mu ce, "Ya shigo, a ba shi tabarma." Idan kuma ya ƙare, dole mu tashi duka mu taka har bakin zaure mu raka shi, mu ce masa ya gaida gida, sannan a tona gyaɗa. Wanda bai yi rakiya ba, ba shi da gyaɗa. Yaya Garba bai taɓa yin rakiya ba. Zafin wuta da nauyin tuwo sukan kayar da shi tun labari yana tsakiya, bakinsa a buɗe, gyaɗarsa kuma mu raba.

Cikin duk tatsuniyoyinta, wadda ta fi zama mini a kai ita ce ta Tanko da biri.

Tanko manomi ne, in ji ta, mai rumbu cike da dawa. Wata rana yana hutawa sai ga biri ya gangaro daga dutse da 'yar ganga a hammata. Ya yi masa kiɗa mai daɗi har Tanko ya tashi ya taka, ya manta da ciwon bayansa. Da ya sa hannu zai ba shi tukuici, biri ya ja da baya.

Nan Inna take matse hanci ta yi muryar biri: "Haba Tanko, ni da kai? Na yau kyauta ne. In dai kana so in riƙa zuwa duk ran kasuwa, ba sai ka wahala ka tashi ba ni wani abu ba. Ɗora hannunka bisa rumbu ka ce ka yarda, ni in riƙa zarar kan dawa ɗaya da kaina."

Tanko ya ga kan dawa ɗaya ba komai ba ne. Ya ɗora hannu a kan rumbu ya ce ya yarda.

Aka yi ta kiɗa har kiɗa ya ishe shi. Sai ya fara neman hanyar rabuwa da biri. Da farko ya ɗauke gangar ya jefa a rijiya. Ran kasuwa ta zo, babu kiɗa, amma dawa ta ragu. Sannan ya toshe ƙofar gidansa da ƙaya. Dawa ta ragu. Bayan nan ya kwashe tabarmarsa ya koma kwana a gona, don in biri ya zo ya tarar ba kowa. Dawa ta ragu. Daga ƙarshe ya zauna ya yi tunani ya ce, biri dai ba shi da ganga, ba shi da ƙofa, ba ya ganina, ashe ba shi ba ne. Sai ya juya ya dubi maƙwabcinsa Nomau, wanda suke ci a kwano ɗaya tun suna yara, ya ce masa ɓarawo a gaban mutane.

A daidai nan ne minsharin Yaya Garba yake tashi, kullum, kamar an saita shi.

Sauran labarin, wanda shi bai taɓa ji ba, ga shi. Wata tsohuwa mai tallar daddawa ta ji rigimar, ta tambayi Tanko abu ɗaya: "Ka sallami birin?" Tanko ya ce ya jefar da ganga. Ta ce, "Da ganga kunka yi alkawari, ko da rumbu? Koma inda ka ɗora hannu." Tanko ya koma ya ɗora hannu a kan rumbu ya kira biri ya ce ya sallame shi. Biri ya fito yana share hawaye. Ya tambayi laifin da ya yi. Ya ce a bar shi a kan rabin kan dawa. Ya ce to a bar shi ya huta wata ɗaya ya dawo. Duk abin da ya faɗa, Tanko ya ce ya sallame shi, har ya raka shi gindin dutse. Dawa ta daina raguwa. Amma da ya dawo zai ba Nomau haƙuri, sai ya tarar ya ɗaure kayansa a kan jaki ya bar garin, ɗakinsa sai kaji.

Na taɓa ce mata hukuncin bai yi daidai ba, biri ne ya kamata a kama. Ta ce, "Alƙali, biri bai saci komai ba. Abin da anka ce ya ɗauka shi ya ɗauka. Tashi ka yi rakiya."

Inna Dije ta rasu da daɗewa, Allah ya jiƙanta. Ni yanzu ina Tudun Wada a Gusau, ina kula da sito a wani shagon kayan gini. Yaya Garba yana sayar da hatsi a kasuwar Tsafe, ya yi tumbi ya yi furfura, mutane na ce masa Alhaji. Ban yi zaton zan sake haɗuwa da birin nan ba, sai bara da damina, ranar da Yaya ya iso gidana da rana tsaka ba tare da ya yi waya ba, ya ƙi zama, ya ƙi shan ruwa.

"Lawali, gobe za ka biyo ni wurin sarkin kasuwa. Kai ka iya tsara magana. Isiyaku zan kai ƙara."

Isiyaku shi ne mai POS, mai cire wa mutane kuɗi da kati, da ke jikin rumfarsa. Shekara da shekaru tare suke cin abincin rana, shi ya yi wa ɗan Yaya walicci, in ɗaya ya tafi masallaci ɗaya ke tsare masa rumfa. Na ce ya zauna. Ya ce ba zai zauna ba. Na ce to ni ma ba zan ji ba, don ba na sauraron ƙara a tsaye. Ya zauna.

"Fara daga farko," na ce.

"Duk mako ana cire mini kuɗi a banki. Ba wanda ke taɓa katina sai shi. Na daina gaishe shi, na sake sahu a masallaci, wai ko zai ji kunya ya bari. Jiya ma alat ɗin banki ya shigo."

"Wannan ƙarshe ne. Na ce farko."

Na karɓi wayarsa na buɗe saƙon banki. Yaya ba ya karanta alat sai iyakar inda kuɗin yake, daga nan ransa ya ɓaci ya kife waya. Ni karatuna bai yi nisa ba, Turancina a hankali yake tafiya, amma ba na barin saƙo sai na kai ƙarshensa. A can ƙasa babu sunan Isiyaku. Akwai wani suna da ya yi kama da na gona da shanu.

"Yaya, kana da shanu?"

Ya dubi rufin ɗaki. Ya gyara hula. Sannan a hankali magana ta fito. Wai lokacin da kasuwa ta yi sanyi ne ya ga wani wasa a waya, ana noma ana kiwo. Ka shuka masara ta nuna kafin la'asar, ba taki, ba tsutsa. Ya tara shanu har garke. Sai wasan ya ce in yana son tarakta da rijiyar burtsatse, mako na farko kyauta ne, lambar kati kawai zai sa don shaida, ya ɗora babban yatsa.

"Ka ɗora?"

"Sun ce kyauta! Amma wagga magana ta wuce tuni. Da na ga yana cinye mini caji na goge shi."

"Sai aka daina cirewa?"

"Anka ci gaba. Sai na kashe wayar na tura ta cikin buhun gero, ta yi mako ba ta ga rana ba."

"Sai aka daina?"

"Ina kunnawa alat ya riga sallama shigowa. Sai na kai ta musaya na karɓo wannan, mai gyara ya kwashe mini komai ya zuba a ciki. To ka gaya mini, wasan da na goge, a wayar da na sayar, ta ina zai ga katina? Isiyaku ne!"

Ban cika dariya ba, mutanen gidana shaida ne. Amma ranar sai da na riƙe bango. Ganga a rijiya, ƙaya a ƙofa, kwana a gona, ga kuma Nomau, duk a jere yadda Inna ta jera su, bai tsallake ko ɗaya ba.

"Yaya, ka tuna Tanko da biri?"

"Mai ganga? Na tuna. Maƙwabcinsa ne ɓarawon."

"Nan ka yi barci."

Na ba shi sauran labarin, yana huci. Sannan na matso da wayar tsakaninmu na ce ya lura da kyau, don ba zan maimaita ba. Ba wurin wasan muka je ba, tunda ba da shi aka yi alkawari ba. Muka shiga shagon da ake sauko da wasanni a cikin wayar. Muka taɓa harafin sunansa da ke kusurwar sama. Muka nemi wurin biyan kuɗi, a ciki muka sami jerin abubuwan da ke sabunta kansu. Ga ta nan, saniya fara da baƙi tana murmushi, a ƙarƙashinta an rubuta ranar da za ta sake zuwa rumbu.

"La ilaha illallahu," in ji Yaya. "Ita ce. Ita ta fi ba da nono."

Na ce ya danna sokewa da hannunsa, tunda hannunsa ne ya yarda. Ya danna. Wayar ta tambayi dalili. Ya dube ni, na ce ya zaɓi kowanne ya wuce. Ta ce za ta rage masa rabin kuɗi.

"Kai Lawali, rabi fa. Wannan ai sauƙi ne."

"Rabin kan dawa, Yaya."

Ya danna. Ta ce ko ya ɗan dakatar na wani lokaci ya dawo. Ya tsayar da yatsa a sama.

"To wa zai ba su ruwa?"

"Su wa?"

"Shanun."

Na ce masa in bai danna ba, ni da kaina zan je Tsafe in ba Isiyaku labari. Ya danna. Rubutu ya fito cewa an soke, sai dai makon da aka riga aka biya zai ƙarasa. Na sa ya koma jerin ya sake dubawa, don ni ba na yarda baƙo ya tafi sai na ga bayansa. Saniyar ta koma gefen waɗanda aka sallama.

Sai a lokacin ya sha ruwa. Ya ajiye kofi ya ce, "To shi Nomau ɗin, ina ya tafi?"

Na ce Inna ba ta faɗa ba, ta dai ce ɗakinsa sai kaji. Bai jira abinci ba. Na raka shi tasha, ya tsaya ya sayi goro da tsire, ya shiga motar farko da ke lodin Tsafe, ya zauna a baya cikin kaya, shi da ba ya yarda da kujerar da ba ta gaba ba.

Ya tarar da Isiyaku yana nan, amma har ya fara neman rumfa a can layin masu yadi. Ya karɓi goro, ya ci tsire, ya ce ya yafe, da sharaɗi ɗaya: tunda a gaban 'yan layi Yaya ya daina gaishe shi, a gabansu zai faɗi abin da ke cin kuɗinsa. Yaya ya faɗa. Tun daga ranar ba mai ce masa Alhaji a kasuwar Tsafe. Arɗo suke ce masa, in ya wuce su tambaye shi ya garke, ya ruwa.

Ina yaro na ɗauka darasin tatsuniyar shi ne kada ka saurari kiɗan kyauta. Da na girma na ga ba mai iya wannan, kowa da gangar da ke sa shi rawa. Abin da Inna ke nufi ya fi haka sauƙi kuma ya fi wuya: abin da ka shigo da shi da bakinka, ɓoye masa fuska ba ya fitar da shi, sai ka koma inda ka ce ka yarda ka ce ka fasa. In ka ƙi, haushin zai sauka a kan wanda ya fi kusa da kai.

Yanzu ni ke ba jikokina tatsuniya, ba murhu, sai fitilar caji a tsakar gida. Ina ƙwanƙwasa kujera su ce ya shigo. Sauran dokokin Inna duk na riƙe su, na ƙara guda ɗaya tawa. Duk wanda na ga ya fara gyangyaɗi, tashinsa nake yi ya tsaya da ƙafafunsa, sai an raka biri gindin dutse.