Tumunin Takabata

Shekara goma sha ɗaya muna sayar da abinci a harabar wata ma'aikatar gwamnati a Gummi, ni da maigidana. Ɗaki ɗaya ne da rumfar kwano a gaba, benci huɗu, murhu biyu a baya. Ma'aikata na ce mishi kantin. Ni ke tuƙa tuwo, shi ke cefane da zuba wa mutane, kuma shi ke shiga ofis. Akwai wata takarda da yakan kai musu duk kaka su buga mata hatimi, wai ita lasin. Ban taɓa tambayar abin da ke ciki ba. Turanci ne, shi kanshi ba ji yake ba.

Ya rasu shekarar da soja suka koma bariki, ana yankan gero. Zazzaɓin kwana uku ne. Na shiga takaba, aka garƙama wa kantin kwaɗo.

A danginsu ba a taɓa kayan mamaci sai ranar rabon gado. Wanshi ya kulle akwatin ƙarfen marigayi, ya wuce garinsu Adabka da makullin a aljihu. Takardar na ciki, kuma na sani. Wata rana ta faɗo mini a rai, na gaya wa Inna, mahaifiyata. Ta ce in ji tsoron Allah, miji bai yi arba'in a ƙasa ba ina zancen tukunya. Na ja bakina. Gaskiya ni ma ban damu ba, lokacin ko abinci sai an tsaya a kaina nake ci.

Wata uku aka yi kafin a raba. Malamin da aka kira ya lissafa gida, da gonar Adabka, da awaki, da kantin. Ya fitar wa ɗiyana biyu mata nasu, sannan ya sa aka tambaye ni daga bayan labule, tumunina a gona nake so ko a kantin. Mi zan yi da gona, ni da ban taɓa riƙe hauya ba? Na ce kantin. Aka buɗe akwati aka miƙo mini takardar, aka shafa fatiha. Wan mijina ya hau kabu-kabu ya koma.

Na fita takaba ranar Juma'a, Litinin na tafi. Tun daga bakin ƙofar ma'aikata na hango hayaƙi na tashi bayan rumfa. Wata mata ce 'yar Anka, ba ta kai ni shekaru ba, tana kaɗa miya a kan murhuna. Tukwanena maigadi ya jera su a sito, ya rufe da buhu.

Na shiga wurin akawun da ke kula da irin waɗannan takardu. Shekara da shekaru yana cin tuwona. Ya yi mini ta'aziyya, ya karɓi takardar, ya juya bayanta ya karanta mini da Hausa. Izini ne na shekara guda, ga mutum guda. Ba a sayarwa, ba a bayarwa, ba a gado. In shekara ta cika hukuma ta ga dama ta sabunta, ta ga dama ta ƙi. Ya ce sun liƙa sanarwa a allo, sun jira wata guda, ma'aikata na ta ƙorafin yunwa, sai aka ba wadda ta nema.

Na ce ai a gado aka ba ni, gaban malam, gaban shaidu.

"Mai tuwo, malam ya raba abin da ba na marigayi ba," in ji shi. "Da ko saƙon baki kin aiko, da ke za a fara dubawa. Ba mu ji daga kowa ba."

Na tambaye shi ko alƙali zai karɓo mini. Ya ce alƙali ma wagga takarda zai karanta.

Ni da ba a taka ni in ƙyale, ni da na taɓa bin direba da muciya har bakin titi kan ya zagi miyata, ranar hannu kawai na miƙa na karɓi takardata. Ban ji haushi ba, ban ji kuka ba. Na naɗe takardar na ɗaure a bakin zane, har godiya na yi mishi.

Inna ta ce in je Adabka a sake rabo. Ban je ba. Fatiha aka shafa, kuma da bakina na zaɓa.

Da na koma kwashe tukwane, matar ta biyo ni sito. Ta durƙusa ta gaishe ni, ta ce ba ta san da mai wuri ba, ce mata aka yi an bari. Sai ta yi ƙasa da murya ta ce ma'aikata na ta yi mata tsiya tuwonta gudaji, ko zan riƙa zuwa ina tuƙa mata.

Na tuna yara biyu a gida. Na ce, "Ƙarfe nawa?"

Ta ce bakwai.

Washegari na zo da muciyata. Na tsaya a bakin ƙofa na yi sallama, na jira har ta ce in shigo.