Rabon Almakashi

Belmiro Quintela ya fara rubuta labarin fim a Lisbon zamanin da hukumar tace fina-finai ke yanka abin da ta ga dama. A nan ya koyi dabarar da ta ciyar da shi. Kowane labari sai ya cusa masa fitowa ɗaya ta rashin kunya, da gangan. Masu tacewa su yi caa a kanta su yanke, hankalinsu ya kwanta, ainihin maganarsa ta wuce ba a lura ba. Rabon almakashi yake kiranta.

Labari ɗaya ne ya ƙi miƙa musu: wata tsohuwa a tashar jirgin ruwa tana jiran gawar ɗanta daga yaƙin Angola. Mahaifiyarsa ce, gawar kuma ta ƙaninsa.

Da gwamnati ta faɗi, hukumar ta watse, sai ya kai labarin wa Custódio, daraktan da suka daɗe tare. Amma hannu ya riga ya saba. Ya saka fitowar wani limamin coci a buge, wandonsa na zamewa a kasuwar kifi.

Aka ɗauki fim, ya yi tsawo, dole a rage.

"Tsohon munafuki, ashe ka iya ban dariya!" in ji Custódio.

"Wannan ta yankewa ce."

"Wa zai yanke? Almakashi ya yi ritaya, mutumina. Tsohuwarka ce ta cika wuri. Tana ta kallon ruwa, ko uffan."

"Haka ta tsaya ranar."

"To, ta je ta tsaya a gida."

Fim ya fito ba tsohuwa, 'yan kallo suka yi dariya har da hawaye. Daga nan duk mai neman Belmiro, wando yake so ya zame. Ya rubuta, don akwai bakuna a gida.

Watan jiya, yana dogara sanda, ya je ma'ajiyar tsohon kamfanin da ya yi fim ɗin, don neman fitowar tsohuwar da aka yanke. Aka samo gwangwanin da aka ajiye ta a ciki. Da ya buɗe, wari mai tsami ya buge shi. Danshi ya narkar da fim ɗin, ya dunƙule wuri ɗaya. Ya ɓamɓaro wani guntu da farce, ya ɗaga wajen taga. Ya daɗe yana dubawa. Babu kowa a ciki.