Yaya Hamisu, Mai Riƙon Labarin Bama

Bana shekara biyar ke nan da rasuwar yayana Hamisu a nan Doha, a tsakiyar annobar korona. Hausawa sun ce waiwaye adon tafiya, amma akwai waiwayen da ba ado a cikinsa, sai dai mutum ya cije ya yi shi kafin mantuwa ta riga shi. Har yanzu ina nan ina aikin gadi a wani dogon bene a unguwar Al Mirqab, kuma har yanzu in farar bas ta ma'aikata ta tsaya a danja, sai na tsinci kaina ina leƙen kujerar direba.

Hamisu ya girme ni da shekara goma. Mahaifinmu tsohon sojan Ingila ne, yana cikin Hausawan da aka kwasa lokacin yaƙin duniya na biyu aka tsallaka teku da su zuwa Burma, wadda tsofaffinmu ke kira Bama. Da ya dawo sai ya kama gadi a tashar jirgin ƙasa ta Zariya, ya yi aure da girmansa, ya haife mu. Ya rasu ina ƙarami ƙwarai. Abin da na riƙe nasa bai wuce ɗingishinsa da tarinsa na asuba ba. Hamisu kuwa ya same shi sosai, ya zauna da shi, ya sha labari daga bakinsa. Duk abin da na sani game da ubana, a bakin Hamisu na ji shi. An ce babban wa uba. Ni a wajena har kamannin uban ma shi ya zana min.

Akwai labarin da ba ya gajiya da bayarwa. Ya ce a jiragen Amurka aka zuba su Baba, su da alfadaransu, aka sauke su a ƙurmin daji can bayan sojojin Japan. Ba hanya, ba mota, abinci daga sama yake zuwa. Jirgi zai sauko ƙasa-ƙasa ya yi ta sako buhuna, wasu da lema, wasu haka nan tsirara, in mutum bai kauce ba buhun shinkafa ya karya masa wuya. Da damina ta kankama, zazzaɓi da atini suka cinye ƙarfinsu, sai hafsoshin Ingila suka ce a fito da mutanen nan, sun ƙare. Amma babban janar ɗin da aka sa su a ƙarƙashinsa a lokacin Ba'amurke ne, ba sa ga-maciji da Turawan Ingila. Ya ce ragwanci ne kawai, su ci gaba da yaƙi. Manya suna ta ja-in-ja, ƙanana suna ta mutuwa. A cikin wannan jiran ne ƙanen Baba, Baffa Ilu, ya cika. Suka tona masa rami a gindin gora suka wuce, ba wanda ya sake ganin wurin. Baba shi ma harsashi ya same shi a cinya, sai ga wani matashin matuƙi, shi ma Ba'amurke, ya sauko da ɗan ƙaramin jirgi a wani fili da bai kai filin idin ƙauye ba, ya ɗauke shi.

In Hamisu ya kai nan sai ya dube ni ya ce, "Ka gani, Garba? Ɗan Ingila ya kai shi, Ba'amurke ya hana a fito da shi, wani Ba'amurken kuma ya ɗauko shi. To wa za ka zaga, wa za ka gode wa?" Ba ya jiran amsa. Ina jin shi ma Baba haka ya bar masa tambayar.

Hamisu ne ya riga ni zuwa Doha. Direban bas ne, yana kwasar leburori daga masaukinsu zuwa inda ake gina filayen ƙwallo na gasar cin kofin duniya. Da ya zauna da gindinsa ya nemo min kafil, wato mai tsaya wa baƙon ma'aikaci, na biyo shi. Ɗaki ɗaya muke a unguwar Mansura, mu huɗu, gadaje masu hawa biyu, kowa da labulensa. A cikinmu akwai Awudu, mutumin zangon Kumasi, mai gyaran wutar lantarki, wanda shi ma kakansa ya je Bama. Ranar Juma'a in mun dawo masallaci mun haɗu a faranti ɗaya, sai Hamisu ya jingina wayarsa da gorar ruwa ya kunna tsofaffin hotunan yaƙi, baƙi da fari. Daga labarin Baba ya faro, amma bai tsaya nan ba. Yana iya kwashe yamma guda yana ba mu labarin yadda samarin Ingila, waɗanda ko gemu ba su fara ba, suka riƙa tashi da ƙananan jirage suna tare jiragen Jamus a saman birnin Landan, wani ya karya kumallo da kai, kafin azahar an naɗe katifarsa. Ko ya koma baya can, ya gaya mana yadda Amurka ta ƙwaci kanta daga hannun Ingila da bakin bindiga, da yadda daga baya sojan Ingila suka shiga babban birninsu suka cinna wa gidan shugaban ƙasa wuta. Yakan ce faɗan uba da ɗa ne, in ka shiga tsakani kai za ka ji kunya.

Awudu ba ya barin shi ya sha ruwa. "Maigida," in ji shi, "duk wannan wahala da kake sha a kan Ingila, Ingila ta san da zamanka?"

Wasa ne, amma nan ne inda ke yi wa Hamisu ciwo. Ya kalli hotunan nan ba adadi, da wuya ya ga baƙar fuska, in ma ya gani to a gefe take, ɗauke da kaya a ka. Ba wani abu yake nema daga Turawan Ingila ba. So yake a ce an san an yi wani Ilu. Saboda haka ya ɗora ransa a kan gasar. Ya ce ai da ƙafarsu za su zo. Zai sami dattijo ɗaya a cikin magoya bayan Ingila, ya zaunar da shi, ya saya masa shayi, ya ba shi labarin tun daga farko, mutumin ya koma ƙasarsu da sunan Ilu a bakinsa. Mu muna dariya, shi da gaske yake.

Sai korona ta zo. Aka rufe masallatai, aka rufe shaguna, titunan Doha suka yi tsit kamar an share su. Amma ginin filaye bai tsaya ba, direbobi ma ba su tsaya ba. Wata rana ya dawo da zazzaɓi, ya ce sanyin na'urar esi ta bas ne. Kwana kaɗan numfashi ya fara yi masa nauyi. Motar asibiti ta zo, mutane cikin fararen kaya da ba ka ganin ko idonsu sosai suka sauko da shi, mu kuma aka killace mu. Da zai shiga motar ya ɗaga min hannu, irin ɗagawar wanda zai je kasuwa ya dawo. Ganina da shi na ƙarshe ke nan.

Mun ci gaba da magana ta waya har ƙarfinsa ya ƙare. Kiran ƙarshe da la'asar ne, yana magana yana hutawa.

"Garba, ka ce wa Inna ina samun sauƙi."

"Yaya, ƙarya zan yi mata?"

"Addu'a ce, ba ƙarya ba. Ka faɗa mata."

Na faɗa mata. Washegari aka sa masa na'urar numfashi, bai sake magana da kowa ba.

Jirage ba sa tashi a lokacin, ba maganar kai shi gida. A nan aka binne shi, a maƙabartar bayan gari. Ba ni na yi masa wanka ba, ba a bar ni na buɗe fuskarsa ba. Ni da Awudu da ma'aikatan maƙabarta ne muka sallace shi, kowa da takunkumi a fuska, kowa nesa da ɗan'uwansa. Mutumin da in a unguwarmu Tudun Wada ya rasu sai sahu ya toshe layi. Ina tsaye ina kallon ƙasa fara fat tana rufe shi, sai Baffa Ilu ya faɗo min a rai, na ce ashe gidanmu bai gama ba wa ƙasashen mutane ajiya ba.

Da na kira Inna, mahaifiyarmu, ba ta yi kuka a waya ba. Ta yi salati, sannan ta ce, "Kun dai kwantar da shi yana kallon gabas ko?" Na ce mata, "Inna, mu a nan alƙibla yamma take." Can ta ce, "Ashe har ya wuce Ka'aba. Allah sarki, Hamisu ya yi nisa." Ta bi shi bayan shekara biyu, ba ta ga kabarinsa ba.

Gasar ta zo kamar yadda ya ce, mutane suka zo da ƙafarsu. Kuma cikin ikon Allah sai ƙuri'a ta haɗa Ingila da Amurka a rukuni ɗaya. Ranar da aka fitar da jadawalin, Awudu ya zauna a bakin gado ya riƙe kai, ya ce, "Wannan wasa na Maigida ne, wallahi nasa ne." An tura ni cikin masu nuna wa baƙi hanya a tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa ta Mansura. Ranar wasan da yamma tashar ta cika da tutoci, waɗannan suna waƙa, waɗancan suna mayar musu, ba faɗa sai tsokana. Wani dattijo ɗan Ingila, fuskarsa ta yi ja don gajiya, ya zauna a benci kusa da ni yana jiran abokan tafiyarsa. Na miƙa masa ruwa. Na tattaro ɗan Turancin da nake da shi na fara.

Ban iya bayarwa kamar Hamisu ba. Na haɗa jirgi da daji da damina, na tsallake rabi. Mutumin dai ya saurara, bai katse ni ba. Ya ce gaskiya bai san 'yan Afirka sun yi yaƙi a can ba, kuma su ma a ƙasarsu sojojin Bama ana ce musu waɗanda aka manta. Ya tambaye ni sunan. Na ce Ilu. Ya maimaita bai daidai ba, na gyara masa, ya sake faɗa har ya zauna a harshensa. Sai abokansa suka iso, jirgi ya tsaya, ya kama hannuna ya girgiza, ya shige. Duka-duka bai kai shan kofin shayi ba. Ban san ko sunan ya isa Ingila ba, ko a filin wasa ya faɗi. Abin da ya karya ni shi ne da na juya, na rasa wanda zan je in ce wa, "Yaya, na isar." Na koma bayan ginshiƙi na yi kukan da ban samu na yi a maƙabarta ba, har shugaban aikinmu ya leƙo ya ce yalla, wato maza a koma aiki, ya ga fuskata, ya juya ya bar ni.

An tashi wasan ba wanda ya ci wani. Na san da yana nan da ya ce ai tsakanin harshe da haƙori ne, ana saɓawa amma baki ɗaya ake kwana.

Nakan tambayi kaina me zai ce da duniyar yau. Shi da yake girmama matuƙin jirgi saboda ya sa ransa a inda ya sa na wani, me zai ce da jiragen da ba matuƙi a ciki, mutum yana zaune a ɗaki mai sanyi yana rusa gidan da bai taɓa taka ƙasarsa ba? Ina jin zai ce yaƙin da mai yin sa ba ya jin tsoro, ba ranar da zai gaji da shi. Me zai ce da filayen nan da ya yi shekaru yana kai musu leburori, ga su tsaye suna walƙiya, an ci kofi an watse? Ba mai ƙorafi ba ne. Zai dai tsaya ya nuna da yatsa ya ce nan da rairayi ne zalla, na san wanda ya zuba wannan ginshiƙin, ɗan Nepal ne, yana da 'ya'ya mata uku. Korona kuwa yanzu ta zama hira, mutane suna tuna takunkumi suna dariya. Ban ga laifinsu ba. Wanda bai yi ajiya a ƙasa ba, ba ya jin nauyinta.

Awudu ya koma Kumasi bayan gasar. Sauran abokan ɗakin sun watse. Yanzu duk Doha ni kaɗai na san wane tudu ne na Hamisu a cikin tuddan nan masu kama da juna. Sau biyu ina sabunta kwantiragi, ina ce wa maiɗakina aikin ne bai sake ni ba, ita kuma ta san ba aikin ba ne. Bana ta ce min, "Baban Amira, mai rai ma yana da hakki a kanka." Gaskiya ta faɗa. In Allah ya kai mu ƙarshen shekara zan tattara in koma Zariya.

To me ya rage na Hamisu? Labarin ya rage, amma rabi, don rabin ya bi shi. Mutanen da ya jawo nan suka sami abin rufin asiri sun rage, wasu ko sunansu ban sani ba sai sun kira ni gaisuwa. Sai babbar 'yarsa Rukayya, wadda ta gama karatun aikin jinya bara. Ta gaya min duk majinyacin da ta ga ba mai zuwa duba shi, in ta tashi aiki sai ta ja kujera ta zauna kusa da shi, ko ba za su yi magana ba. Ta ce, "Baffa, ban san wa ya zauna kusa da Babana ba. Ina fata wani ya zauna."

Juma'ar da ta wuce na je maƙabarta. Na yi masa sallama, na yi masa addu'a, shi da maƙwabtansa da ba mai zuwa musu. Sannan na tsuguna na gaya masa zan tafi gida. Na daɗe a tsugune kamar mai jiran izini, har rana ta fara cin ƙeyata. Ya Allah, ga baƙonka nan zan bari a hannunka. Ka yalwata masa makwanci, Ka sa ya fi samun kulawa a wajenka fiye da yadda ƙaninsa ya iya.