Sunan ɗan fari a gaban alƙali

Ban yi shekara ina koyarwa a wata lakwal, wato makarantar boko, mai zaman kanta a Madawa ba, hukumar ilimi ta ƙi amincewa da ɗaukata aiki. Dalilinta shi ne sunan uban da ke kan kwalina na kammala karatu daban yake da wanda ke kan katina na ɗan ƙasa. Ƙanen babana ne ya kai ni lakwal ina ƙarami, da aka tambaye shi sunan uban yaro sai ya ba da nasa. A wajenmu ba wanda zai ga aibun haka. Sufeton hukumar kuwa ya ce kwalin na wani ne.

Mai makarantar ya shigar da ƙara. Kafin a yanke hukunci an hana ni riƙe alli, ba a kuma kore ni ba. Kullum in yi wanka in zo in zauna ƙarƙashin itacen bedi, ina jin wani yana karantar da ajina. Ban ji haushi ba, ban ji komai ba, zama kawai nake yi.

Ƙanen baban nawa ya riga ya rasu, don haka lauyanmu ya ce a kawo babana daga Karofane ya shaida cewa ni ne mai kwalin. Ya ce aikin minti biyu ne. Bai tambaye ni ko ni ɗan fari ne ba, ni ma ban tuna in gaya masa ba. A gidanmu uba ba ya kama sunan ɗan farinsa, kunya ce. Tun da aka haife ni "kai" nake a bakinsa, in ba na nan kuma "wancan".

Ya zo da rigarsa ta Juma'a, ya tuɓe takalmi a ƙofar kotu, sai da aka ce ya mayar. Alƙali ya nuna ni.

"Baba, ka san wannan?"

"Na san shi."

"Wane ne?"

"Na gidana ne."

"Faɗi sunansa."

Babana ya dubi ƙasa. Ya ce, "Ranka shi daɗe, ai ga shi nan tsaye. Ku tambaye shi, shina da baki."

Wasu suka yi dariya. Alƙalin bai yi ba, ina jin ya gane. Ya sassauta murya ya ce magatakarda ba ya rubuta sai abin da ya ji. Babana ya buɗe baki, na ga leɓensa yana motsi, sannan ya rufe. Lauyan hukuma ya miƙe ya ce shaidar da ba ta ambaci suna ba, ba shaida ba ce. Aka ɗage zama zuwa bayan girbi.

A tasha na saya masa goro. Ya karɓa bai dube ni ba.

"Na ɓata maka aiki," ya ce.

"Ba komai, Baba."

"In an koma zama ka aiko. Ni hwaɗi sunan."

Ba a koma da shi ba. Zazzaɓi ya ɗauke shi gero na fitar da kai. Makarantar ta ɗauki wani malami, ƙarar kuma tana can, ban ƙara bin ta ba.

Bayan sadakar bakwai ƙanwata ta same ni a zaure. Ta ce duk daminar nan, in ta kai masa fura gona, takan tarar da shi tsakiyar gero shi kaɗai yana faɗin sunana, ya yi shiru, ya sake faɗa. In ya hango ta sai ya kama tari.

Na ce mata yaya yake faɗinsa. Ta ce kamar yadda kowa ke faɗa. Na ce ta gwada mini da irin muryarsa. Ta gwada, muryarta ce ta fito.