Tumu Uku na Bayan Ɗakin Kaka

Jiya da yamma ina dawowa daga Ɗanbatta, motarmu ta tsaya a wani ƙauye ana sauke kaya, sai ƙamshin tumu ya shigo ta taga. Wasu yara ne suke gasa sabon gero a bakin hanya. Kowa a motar ya hau haɗiyar yawu, ni kuwa na kau da kai. Na daɗe rabona da tumu, kuma yau zan gaya maka dalili.

Gidanmu gidan Maguzawa ne na asali, irin wanda ke zaune shi kaɗai a tsakiyar gonaki, rumbuna sun fi ɗakuna yawa. Tun kafin a haife ni bishara ta shigo mana ta hannun wani mutumin yankinmu da kowa ke kira Malam. Ya yi 'yan watanni yana koyon karatu a wurin Turawan mishan, ya dawo da keke da littafi ɗaya. Kada ka ɗauka mugu ne. Shi ke wanke wa mutane gyambo, shi ke kai mai naƙuda asibiti a bayan kekensa. Sai dai abin da aka zuba masa a kai, shi yake juye wa mutane, ba ragi ba ƙari.

Kakata, wadda ta haifi babana, ta haifi 'ya'ya bakwai, uku suka rasu tun ba a yaye su ba. An binne su a bayan ɗakinta, aka kife wa kowanne tsohuwar tukunya don a gane wurin. Duk shekara idan gero ya nuna, kafin kowa ya ɗanɗana, sai ta gasa tumu uku ta ɗora a kan tukwanen. Ba ta roƙon komai a wurinsu. Rabonsu ne kawai take ba su, kamar yadda take ba masu rai.

Sai da na girma babana ya ba ni labarin ranar da aka yi mata baftisma. Ana tsaye a bakin rafi, ta riga ta sa ƙafa ɗaya a ruwa, sai ta juyo.

“Malam, to yaran nawa na bayan ɗaki fa? Zan same su a can?”

Malam ya ce duk wanda ya mutu bai karɓi Yesu ba ya hallaka, babba ne ko yaro. Ta ce ai ko “Inna” ba su iya faɗa ba. Ya ce haka aka koya masa, kuma ɗora tumu a kan tukunya tsafi ne, daga yau ta daina. Daga nan ta shiga ruwan, don 'ya'yanta huɗu masu rai sun riga ta shiga. Da aka koma gida ta ce wa babana an raba mata 'ya'ya gida biyu, ita kuwa jikinta ɗaya ne.

Ni da na taso ban san wannan ba. Abin da na sani shi ne, duk kaka, da zarar gero ya yi ido, za ta ƙwala mini kira da sunan wasan nan na kaka da jika: “Mai gidana, zo ka ga abin da matarka ta yi maka.” Sai ta zaunar da ni a bayan ɗaki kusa da tukwanen, ta miƙo mini tumu uku masu zafi. Ina murjewa a tafin hannu, ina hurewa, ina watsawa a baki, gawayi duk ya ɓata mini fuska. Na riƙa yi wa sauran jikoki burga cewa ni ne ɗan lele. Ban taɓa lura cewa idanunta ba a kaina suke ba. Dabara ce ta samo: an hana ta ba tukunya, ba a hana ta ba jika ba. Ni kuwa uban kwaɗayi, shekara da shekaru ina cinye rabon matattu ina lashe yatsa.

A majami'a babu wadda ta kai ta murya. Amma da an ɗauko waƙar gidan sama, sai ta rufe baki ta hau gyaran ɗankwali. Tsofaffi sa'o'inta suna marmarin tafiya gida wurin Ubangiji, ita kuwa tsoron mutuwa take ji, kuma ba wuta take tsoro ba. Ta taɓa ce mini ba ta san da wane ido uwa za ta zauna a inuwa yaranta suna cikin wuta ba.

Da na girma, Malam ne ya sa mini hannu a takarda na tafi makarantar tauhidi. A shekara ta biyu muka shiga tarihin ikkilisiya, kuma a nan na gano cewa tambayar Kaka ta girmi Turawan da suka koya wa Malam karatu. Ɗaruruwan shekaru manyan malamai suka yi suna ja-in-ja a kanta. Wasu sun tsananta kamar Malam. Wasu suka ce akwai wurin da jarirai ke zama ba azaba. Wasu suka ce Almasihu da kansa ya sauka wurin matattu ya yi musu bishara. Da yawa kuma daga baya suka tsaya a kan cewa jinƙan Allah ya rufe yaron da bai san dama da hagu ba. Ranar ban iya cin abinci ba don haushi. Maganar da ba a gama yankewa ba a can, ita aka kawo mana ƙauye a bayan keke kamar hukuncin alƙali.

Na zo hutu da damina da niyyar in gaya mata. Na same ta a ƙofar ɗaki tana gyaran wake, Malam kuwa ya zo yi mini sannu da zuwa, yana zaune a kan turmi, ya tsufa, idonsa ya fara hazo. Ko gama gaisawa ba mu yi ba ta jefo mini tambayar.

“Mai gidana, kai da ka yi karatu mai zurfi, me manyan littattafan suka ce a kan yarana?”

Na dubi Malam. Na tuna takardar da ya sa wa hannu, na tuna shi zai ba da shaida a kaina kafin a ba ni aiki. Sai na ji bakina yana cewa, “Kaka, wannan magana ce mai tsawo, sai mun zauna.”

Ta yi 'yar dariya ta ce, “Ashe har noƙe-noƙe ake koya muku a can.” Ta ci gaba da gyaran wakenta.

Mako biyu na yi a gida. Kullum ina cewa gobe, don faɗa mata yana nufin ƙaryata Malam, kuma na san ba za ta iya riƙe irin wannan albishir a cikinta ba, duk ƙauye sai ya ji. Na koma makaranta da niyyar idan na dawo lokacin girbi, muna cin tumu, zan faɗa mata. Ta rasu gero yana bununi, bai kai ga nuna ba. Ta bar wasiyya a binne ta a bayan ɗaki kusa da tukwanen, ko da jikkunan ne su yi kusa. Dattawan ikkilisiya suka ce Kirista ba ya kwana cikin arna, aka kai ta maƙabartar majami'a. Ni aka ba addu'ar rufewa, na kuwa yi ta da murya mai daɗi.

Yau an yanka gonakinmu filoti-filoti, inda tukwanen suke shagon sayar da siminti ne. Ni ma na zama fasto, furfura ta cika mini kai. Duk lokacin da jariri ya rasu, nakan durƙusa gaban uwar in ce mata ɗanta yana hannun Allah. Dukanmu haka muke faɗa yanzu, hankali kwance, kamar tun fil azal haka ake faɗa. Ba wanda ya taɓa tsayawa a gaban jama'a ya ce mun canza magana, balle ya nemi gafarar matan da aka gaya wa waccan. Ina jin haushin Malam, ina jin haushin waɗanda suka koya masa, amma shi abin da ya sani ya faɗa. Ni na sani na yi shiru.

A motar nan ta jiya, matar da ke kusa da ni ta sayi tumu ta taga, ta karya ta miƙo mini. “Bismilla, Baba.”

Na ce mata na gode, na ci nawa da na wasu tun ina yaro.