Ɗakin Simintin Manang Prosing

A gefen titin da ya bi ta bayan cocin garinmu, daidai inda katanga ta yi kwana, nan Eufrosina Cabahug ta yi rayuwarta. Mu Manang Prosing muke ce mata, wato Yaya Prosing. Bibingka take gasawa, wainar shinkafa da madarar kwakwa a cikin ganyen ayaba, wuta sama wuta ƙasa. Uwarta ce ta fara zama a wurin da amalankenta tun ina ɗan makarantar fadojin coci, lokacin titin bai san kwalta ba, kuma ƙamshin ganyen da ya soma ƙuna yakan shigo mana aji ana tsakiyar darasin Latin. Prosing ta gaji amalanken, ta gaji kwanar.

Duk tsawon shekarun nan masu sana'ar gefen titi ba su da wani haƙƙi sai saurin ƙafa. In motar hukuma ta ɓullo, kowa ya tura nasa cikin lungu, in ta wuce a dawo. Ƙungiyarsu ta daɗe tana kai kuka kafin majalisar gari ta yi doka. Duk wanda ya daɗe a wurinsa za a ba shi izini, muddin bai tsallake layin ruwan ɗorawa da aka ja ba, kuma kayansa na ɗauka ne. Wanda ya kafa wani abu a ƙasa kuwa, ya ci hanyar jama'a, ba shi da rabo.

Prosing ta cika kowane sharaɗi sai ɗaya. Shekaru da yawa kafin dokar, guguwa ta rutsa da jirgin ruwan da ɗanta Nestor ya shiga zuwa Manila. Ta yi wa Santo Niño, wato Yesu yana yaro, alkawari cewa in yaron ya dawo da rai, za ta yi masa ɗakin da iska ba ta ɗagawa. Nestor ya dawo. Ta kira magini ya yi ɗan ɗaki na siminti a gindin katangar, bai kai gwiwar mutum ba, ta saka ɗan mutum-mutumin Santo Niño a ciki da jar alkyabbarsa. Kullum wainar farko tasa ce.

Wanda aka turo duba wurare Dionisio ne, yaron da na koyar a aji huɗu, wanda ya girma da wainarta. Ya auna amalanken, ya juya tayoyin, sannan ya tsaya kallon simintin. A hankali ya ce mata ko dai ta sa a fasa kafin ranar tantancewa, ko kuma in an tambaye ta ta ce nan ta tarar da shi.

Manoy Tasyo, mai gyaran agogo da ke maƙwabtaka da ita, ya ce ai wannan mai sauƙi ne, duk layin za su rantse tun zamanin kakanninsu yake nan. "Ke dai ki rufe bakin nan, Manang. Na san ba ki taɓa gwadawa ba, amma ba a mutuwa."

Ta ce masa ya ji da agogunansa da ba su taɓa yarda da juna ba.

Ni ta nemi in raka ta ofishin tantancewar, saboda dokar da Turanci aka rubuta ta. Na karanta ta da kyau, na shirya hujjata: ɗakin ba rumfa ba ne, ba a sayar da komai a cikinsa, bai kuma taɓa layin ba. Jami'ar da muka samu ta saurare ni da ladabi. Ta ce ita ma tana da Santo Niño a gida. Sai ta juya ga Prosing ta tambaye ta wa ya gina.

Na taka wa Prosing ƙafa a ƙarƙashin tebur. Ta janye.

"Ni na gina, 'yata. Alkawari ne. Ya dawo min da ɗana, ba zan zauna nan in ce ban san ɗakinsa ba."

Jami'ar ta ce ko yanzu in an fasa za ta iya dubawa. Prosing ta tambaye ta ko ita za ta riƙe gudumar. Daga nan magana ta ƙare.

Da aka raba izini kowa a layin ya samu ban da ita, har da waɗanda ba su fi damina biyu a wurin ba. Ranar da ma'aikata suka zo, suka ɗora amalanken a mota da tukwanen gashin, garwashin bai gama mutuwa ba. An ba su umarni su rushe ɗakin, amma babu wanda ya yarda ya fara. Suka yi ta miƙa wa juna guduma, wani ya yi alamar gicciye, suka shiga mota suka tafi. Kwanar aka ba wani saurayi mai sayar da rigunan waya, shi kuma tun da ba shi ya gina ba, doka ba ta da magana da shi.

Yanzu a gida take gashi, can ƙetaren gada, ta ɗoro a faranti a ka. Kafin ta iso kasuwa wainar ta huce, bibingka mai sanyi kuwa ba ta da masoya. Gwiwoyinta sun kumbura. Mai talla a ƙafa an yarda masa ya tsaya ne kawai yayin da ake ciniki, don haka in ta iso ƙofata nakan daɗe ina zaɓe, ina juya wannan ina ajiye waccan. Makon jiya ta gane abin da nake yi. Ta kira ni yadda ake kiran malaman makaranta a garinmu.

"Maestro, ɗauki ɗaya in wuce. Duk ɗaya suke, duk sun huce."