Saƙon Gishiri a Tsohon Memori

Tsohon yana zaune a bakin benci a shagon kwamfutar Abdulgani da ke Kalgo, takalmansa na can waje kamar wanda ya shigo masallaci. Taɓon fadama ya bushe a duga-dugansa. Abdulgani na zaton manomin shinkafa ne daga wajen Dangoma. Tsohon ya kwance ƙullin tsumma, ya miƙo memorin tsohuwar waya da hannu biyu.

"Akwai magana ciki, ɗana. Sabuwar wayata ta ƙi buɗe ta."

Manhajar da ke juya tsohon sauti ya dace da sabbin wayoyi ta cije, wai wani ɗan fayil ɗinta, DLL, ya ɓace. Abdulgani na sauko da wani, tsohon kuwa ko motsi ba ya yi, idonsa na kan koren layin da ke rarrafe.

Can sifika ta ɗauka. Muryar wata dattijuwa ce, ga kukan awaki a bayanta: "Malam, in ka taso kasuwa, ka biyo mana da gishiri."

Iyakar abin da ke ciki ke nan. Abdulgani bai tambayi inda take ba.

Tsohon ya gyara hula, ya matso kusa da sifikar.

"To," ya ce a hankali. "Na ji."